ALADE YA KWANA GIDA: GASHIN DANKALI DA NAMA A HANNUN WATA TSOHUWA 'YAR AILAN

GABATARWA

Hausawa na cewa abincin wani gubar wani. Da wuya a sami inda wannan karin magana ya zauna daram kamar a kan batun wannan 'yar maƙala, domin abincin da za a yi magana a kansa haramun ne ga mafi yawan waɗanda za su karanta ta, kuma ambaton sunansa kaɗai ya isa ya sa wani ya ture takardar gefe. To, amma ɗalibin al'ada bai isa ya ce sai abin da zai iya kaiwa bakinsa zai nazarta ba. Wanda ke son sanin wasu mutane sai ya leƙa tukunyarsu, ko da ba zai ɗanɗana ba, domin abin da aka zuba a ciki, da yawansa, da ranar da ake ɗora shi, duk suna da labarin da za su bayar game da masu tukunyar.

Abincin dai shi ne dankalin turawa da ake gasawa a tanderu, cikin kasko ɗaya, tare da naman alade wanda aka tsuma da gishiri, wato wanda Turawa ke kira bekon. Ana yin sa a ƙasashen Turai da dama, kowa da irin nasa salon, amma a nan za a bi shi ne ta hannun wata tsohuwa 'yar ƙasar Ailan mazauniyar birnin Landan. Za a ga yadda take haɗa shi, da inda ta gaje shi, da kuma dalilin da ya sa ta kafe a kan awo ɗaya tak: ɗanta ya ce a ƙara nama ta ƙi, jikarta ta ce a cire naman ta ƙi.

TSOHUWA DA KASKONTA

An haifi wannan baiwar Allah 'yan shekaru kaɗan kafin Yaƙin Duniya na Biyu, a wata ƙaramar gona cikin lardin Mayo, can yammacin Ailan, inda ƙasa take da duwatsu da dausayi, ruwan sama kuma ba ya ɗaukewa. Tun tana budurwa ta ƙaura zuwa Ingila, a can ta yi aure, ta haihu, ta ga jikoki. A duk tsawon wannan zama akwai abu guda da ba ta sake ba: kowace Alhamis da yamma sai ta ɗora wannan gashi.

Awonta ba ya canzawa. Dankali kilo ɗaya, nama giram 250, albasa manya biyu, ɗan masoro, da kofi ɗaya na romo ko na ruwa zalla. Wato ke nan kashi huɗu na dankali, kashi ɗaya na nama. Takan zaɓi dankali mai gari, irin wanda ke farfashewa idan ya nuna, ta fere shi, ta yayyanka shi fale-fale, kaurin kowane yanki bai wuce na sule biyu a haɗe ba. Ba ta wanke shi bayan ta yanka, domin ɗan farin ruwan nan da ke jikinsa shi ne zai kama yankunan su manne da juna. Daga nan sai ta shafa wa kasko ɗan kitse, ta shimfiɗa dankali, ta barbaɗa albasa, ta watsa 'yan gutsattsarin nama, ta sake shimfiɗa dankali, haka haka har kasko ya cika, dankali ne a ƙasa, shi ne kuma a sama. Gishiri kuwa ko ƙwaya ba ta sawa, ta ce wanda ke jikin naman ya ishi kowa.

Sai ta tsiyaya romon ta gefe, ta rufe kasko ruf, ta tura shi cikin tanderu. Tanderun nan ba irin na masu gurasa ba ne, akwatin ƙarfe ne mai ƙofa wanda ake kira obin, mai aiki da gas. Takan saita zafinsa a kan digiri 180 ta bar shi awa guda. Idan awa ta cika sai ta buɗe murfi, ta jera 'yan sillayen naman da ta ware tun farko a bisa, ta ƙara wuta zuwa digiri 200, ta ba shi minti 20 ko 25. In ta sauke ba a taɓa shi sai ya huta minti goma. Ƙanzon da ya kama gefen kasko kuwa rabon ƙaramin yaron gida ne, ba a yi masa gardama.

ABIN DA KE FARUWA CIKIN TANDERU

Mai karatu zai iya tambaya, mene ne na wannan rufewa da buɗewa? Amsa ita ce abubuwan nan biyu ba sa nuna lokaci ɗaya. Dankali na bukatar kusan awa guda kafin zafi ya ratsa shi, sillen nama kuwa minti ashirin ya ishe shi. Wanda ya watsa su tare a buɗe, to ɗayan biyu zai samu: ko nama ya ƙone ƙurmus dankali na ɗanye, ko kuma ya sauke da wuri ya ci dankali mai gardi. Duk dabarar girkin ita ce yadda za a sasanta su.

Murfi shi ke tsare tururi, tururi kuma shi ke dafa dankalin. Sitacin da ke cikinsa yana fara shan ruwa ya kumbura da zarar zafi ya haura digiri 60, shi ya sa yake yin laushi. A daidai wannan lokaci naman da aka binne a tsakiya yana cikin laima, ba zai bushe ba, kitsensa kuma, wanda ke narkewa tun zafi bai kai ko'ina ba, yana tsiyaya a hankali yana bin yanki bayan yanki, yana ɗauke da gishiri da ƙamshin hayaƙi har gindin kasko. Ta haka ne ɗan nama kaɗan ke ba dankali mai yawa ɗanɗano.

Amma muddin akwai tururi abinci ba zai yi ja ba, domin jiƙaƙƙen abu ba ya wuce zafin tafasar ruwa, wato digiri 100. Sai an buɗe, saman ya bushe, zafinsa ya kai wajen digiri 140 zuwa sama, sannan sukari da sinadaran gina jiki da ke cikin abincin za su haɗu su ba da launin nan ja-ja da ƙamshin gashi. Wani masani Bafaranshe mai suna Louis-Camille Maillard shi ya fara bayyana wannan haɗuwa a shekarar 1912, kuma ita ce dai ke ba tsire da ɓawon burodi launinsu. Tsohuwa ba ta taɓa jin sunansa ba. Abin da ta sani shi ne kakarta takan ce, a fara da rufi, a gama da buɗi.

Abin lura a nan shi ne, wannan tsari gaba ɗayansa an gina shi ne a kan ƙarancin nama. Mai nama da yawa ba ya bukatar ya yi ta lissafin yadda kitse zai bi ta cikin dankali. Domin a gane inda ƙarancin ya samo asali, dole a koma ƙasar da tsohuwar ta fito.

DANKALI DA ALADE A ƘASAR AILAN

Asalin dankalin turawa ba na Turawa ba ne. Daga tsaunukan Andis na Kudancin Amurka ya fito, wajejen Peru da Bolibiya, inda aka yi dubban shekaru ana noma shi. Mutanen Sifen ne suka kai shi Turai a ƙarni na 16, kuma kafin ƙarshen wannan ƙarni ko farkon na 17 ya isa Ailan. Can ya sami ƙasa mai sanyi da laima irin wadda yake so. Ya kuma sami mutanen da ke bukatarsa, domin daga baya an ƙwace mafi yawan ƙasar noma daga hannun 'yan ƙasa an mallaka wa wasu 'yan tsiraru, da yawansu ma a Ingila suke zaune. Talaka sai dai ya karɓi hayar ɗan fili, ya biya sau biyu a shekara, galibi a watan Mayu da na Nuwamba, in ya kasa a fitar da shi.

A irin wannan hali babu amfanin gonar da ya kai dankali rufin asiri. Eka ɗaya ko ɗaya da rabi ta isa ta ciyar da gida mai mutum shida, kuma idan aka haɗa shi da madara yana ba jiki kusan duk abin da yake nema. Kafin shekarar 1845 mutum wajen miliyan 3, cikin al'ummar da ta haura miliyan 8, ba su da wani abinci sai shi. Ƙaton lebura yakan ci laba 10 zuwa 14 a yini, wato kilo 5 zuwa 6, safe da rana da dare, dafaffe, da ɗan gishiri da tsala.

Sai dai dankali yana da aibi guda: ba ya ajiyuwa kamar gero ko dawa. Ba a kai shi rumbu a ce sai baɗi, kafin shekara ta zagayo ya lalace, nauyinsa kuma bai bari a kai shi kasuwa mai nisa. A nan ne alade ya shigo. Ɓawo, da ƙananan 'ya'ya, da ragowar abin da aka ci, duk shi ake zuba wa, har an ƙiyasta cewa wajen sulusin dankalin da ake nomawa a ƙasar dabbobi ne ke cinye shi, akasari aladu. Shi alade yana tafiya kasuwa da ƙafarsa, a sayar da shi a sami tsabar kuɗi a kai wa mai ƙasa. Saboda haka ne talakawan Ailan suke yi masa kirari da "mai girma mai biyan haya", har a ɗaki ɗaya suke kwana da shi don kada sanyi ya taɓa shi.

Ashe ke nan dankali da alade sun daɗe a ƙarƙashin rufi ɗaya, amma ba su cika haɗuwa a akushi ɗaya ba. Wanda ya yi kiwon ba shi ke cin naman ba. Aladen yakan bi hanya zuwa garuruwa irin su Waterford da Limerick, inda masana'antun tsuma nama suke. A Waterford ne Henry Denny ya kafa kamfaninsa a 1820. Daga can sai jirgin ruwa, sai teburin karin kumallo a Ingila.

BABBAR YUNWA

Kamar yadda Hausawa suka raɗa wa yunwar 1913 zuwa 1914 suna Kakalaba, haka mutanen Ailan suke kiran tasu da Babbar Yunwa. A watan Satumba na 1845 aka fara ganin ganyen dankali yana yin baƙi, in an tona sai a tarar da 'ya'yan sun zama ruɓaɓɓen abu mai wari. Wata ƙwayar cuta ce mai kama da fumfuna, wadda masana ke kira Phytophthora infestans, ta tsallako teku daga Amurka. Iska da laima ke yaɗa ta, ga shi kuma kusan kowa a yammacin ƙasar iri ɗaya yake shukawa, mai yawan 'ya'ya amma marar juriya. A 2013 wasu masana suka ciro ƙwayoyin halittar cutar daga busassun ganyayen da aka adana tun wancan zamani a ɗakunan ajiyar tsirrai na Landan da Munich, suka gano ainihin nau'in da ya yi ɓarnar.

A shekarar farko an yi asarar abin da ya kai sulusi zuwa rabin amfanin gona. A 1846 kusan duka ya tafi. A 1847 cutar ta lafa, amma babu irin shukawa, a 1848 kuma ta dawo. Abu na farko da talaka ya rabu da shi shi ne alade, tun da babu abin ba shi. Cikin shekaru biyu yawan aladun ƙasar ya ragu da fiye da rabi. In babu alade kuwa babu kuɗin haya, in babu kuɗin haya sai a rushe ɗaki. Daɗin daɗawa, wata doka ta 1847 ta hana a ba da agaji ga duk wanda ke riƙe da fili fiye da rubu'in eka, sai in ya sake shi. Gwamnatin Ingila, wadda ke mulkin ƙasar a lokacin, ta sayo masara daga Amurka, ta buɗe ayyukan hanya da wuraren rabon miya, amma duk da haka jiragen ruwa ba su daina fita da hatsi da shanu da naman alade zuwa Ingila ba.

Mutum wajen miliyan ɗaya suka mutu, da yunwa da cututtukan da ke biye da ita, wasu fiye da miliyan ɗaya suka yi hijira. Ƙidayar 1841 ta sami mutum kimanin miliyan 8.2 a tsibirin, ta 1851 ta sami miliyan 6.5. A lardin Mayo kaɗai jama'a ta faɗo daga kimanin 389,000 zuwa 274,000. Iyayen kakar wannan tsohuwa suna cikin yaran da suka tsira. Ba su cika ba da labarin ba, amma sun bar wa gidan wata doka: ba a zubar da ɓawon dankali a shara, kuma ba a tashi daga cin abinci a bar ko loma ɗaya.

RANAR DA ALADE YA KWANA GIDA

Kakar tsohuwa tana yarinya lokacin da damina ta sake ɓaci a yammacin ƙasar a 1879, mutane suka ga kamar abin da ya ci iyayensu ne ya dawo. Amma a wannan karo sai manoma suka haɗa kai. A lardin Mayo ne Michael Davitt, wanda shi kansa an kori iyayensa daga gonarsu yana ƙaramin yaro, ya kafa ƙungiyar neman haƙƙin 'yan haya a wannan shekara, daga baya ta game ƙasa duka a ƙarƙashin shugabancin Charles Stewart Parnell. A Mayo ɗin ne kuma, a 1880, jama'a suka ƙaurace wa wani wakilin mai ƙasa, Kyaftin Charles Boycott, babu mai yi masa aiki, babu mai sayar masa da kome, har sunansa ya zama kalmar ƙauracewa a Ingilishi. Gwagwarmayar ta haifar da dokoki bi da bi, mafi girmansu ta 1903, wadda ta sa gwamnati ta ranta wa 'yan haya kuɗi su sayi gonakin da suke nomawa, su biya a hankali cikin shekara 68 da rabi.

A gidan su tsohuwa ba a tuna wannan doka da sunanta ko da shekararta. Yadda ake faɗa shi ne, "shekarar da alade ya kwana gida". Wato shekarar da aka fara kiwon biyu, aka sayar da ɗaya, aka yanka ɗaya don bakin mutanen gida. Yanka kuwa sai sanyi ya shigo. A goge naman da gishiri, a jera shi cikin ganga ya yi makonni, sannan a rataye shi a bisa murhu hayaƙi ya yi ta dukansa. Ranar yanka ana aika yara da ɗan rabo gidajen maƙwabta, su ma ranar tasu su rama. Alade ɗayan nan shi ne naman gida na shekara, don haka kowane yanki da lissafinsa.

Galibi dafa shi ake yi da kabeji. Gashi sai ranar da ake son a faranta wa yara rai. Tanderu kuma babu, domin aikin kai wutar lantarki ƙauyukan Ailan sai a 1946 aka fara shi, ya kuma ɗauki shekaru kafin ya kai lunguna. Abin da ake da shi wata tukunyar ƙarfe ce mai faɗin gindi da murfi, wadda ake gasa burodi a ciki. Makamashinsu baƙar laka ce ta dausayi, a yanko ta kamar tubali a shanya ta bushe. Sai a rataye tukunya a kan wuta, a kwaso garwashi a ɗora bisa murfi, zafi ya zo ta sama da ƙasa. A gaban wannan tukunya tsohuwa, tana 'yar shekara bakwai ko takwas, ta ga kakarta tana yanko nama da wuƙa, ta ɗaga shi ta duba, ta rage, ta mayar da ragowar kan ƙugiya. Kowane lokaci kuma sai ta ce, "Ku ci, 'yan nan, alade ya kwana gida."

ZAMAN LANDAN

Mallakar gona ba ta hana talauci ba. Ƙaramar gona ɗa ɗaya take iya riƙewa, sauran sai su nemi gaba. Tsakanin 1951 da 1961 mutum fiye da 400,000 suka bar Jamhuriyar Ailan, akasarinsu zuwa Ingila, maza aikin gini da haƙar hanya, mata aikin jinya da wanke-wanke. Tsohuwa na cikinsu. Ta sauka a unguwar Kilburn da ke arewa maso yammacin Landan, inda 'yan ƙasarsu suka yi yawa, ta sami aiki a wani asibiti, ta auri wani lebura ɗan lardinsu.

Sai ga jikar masu gona ta koma biyan haya, wannan karo ta ɗaki ɗaya a saman bene, ga kuma kuɗin da ake sa wa cikin wasiƙa kowane wata a aika gida. A nan ta fara ganin obin. Gas ɗinsa da mita yake aiki, sai an jefa sule yake kamawa, in sulen ya ƙare wuta ta mutu ko abinci ya nuna ko bai nuna ba. Ɗora tukunya biyu ko uku ɓarna ce. Sai ta tuna da tukunyar kakarta, ta nemo kasko mai murfi, ta mayar da kome ciki. Ranar Alhamis kuwa ta zaɓe ta ne saboda a wancan zamani mabiya ɗariƙar Katolika ba sa cin nama ran Juma'a, firiji kuma babu, don haka duk ɗan abin da ya rage dole a cinye shi daren. Maƙwabtanta 'yan Dablin su ma suna da irin nasu na daren Alhamis, mai romo da yawa, wanda suke kira kodil.

Mijin yakan dawo da laka har gwiwa, ya wanke hannu, a zauna. Yara suka ƙaru har huɗu, baki shida ke nan a kan kasko ɗaya. Daidai ruwa daidai tsaki, awon da ta gani a hannun kakarta shi ne ya yi daidai da aljihunta.

ƊA DA JIKA

Kwanci tashi yara suka girma, mijin ya rasu, babban ɗan ya zama ɗan kwangilar gine-gine mai abin hannunsa. Wata Alhamis ya shigo da ƙunshin nama wanda ya fi kilo, ya ajiye mata a kan tebur.

"Inna, yau kam a cika kaskon nan da nama. Zamanin ƙirga yanka ya wuce, Allah ya hore mana."

Ta buɗe, ta yaba, ta yi masa godiya. Sannan ta yanki abin da ta saba yanka, ta naɗe sauran ta sa a firiji. Ya ce mata wannan ai rowa ce ga kai. Ta ce, "Ɗan nan, in nama ya yi yawa dankali nutsewa yake yi cikin mai, ba ka jin ɗanɗanon kowa. Kuma ni ban ga ranar da dankali ya ci amanarmu don kansa ba, ciwo ne ya kama shi. Ba zan mayar da shi ɗan rakiya ba." A wajen ɗan, tulin nama shi ne shaidar cewa sun fita daga wahala. Ita kuwa a wajenta shaidar ta riga ta tabbata tun ranar da aka sami ko yanki ɗaya a cikin kaskon.

Ta ɗaya gefen kuma sai ga jika, wadda ta gaji kakarta a aikin jinya. A watan Oktoba na 2015 cibiyar binciken ciwon daji ta Hukumar Lafiya ta Duniya, mai mazauni a birnin Lyon na Faransa, ta sanya naman da aka sarrafa da gishiri ko hayaƙi cikin jerin abubuwan da aka tabbatar suna jawo ciwon daji. Ta ce cin giram 50 kowace rana yana ƙara haɗarin ciwon dajin hanji da kimanin kashi 18 cikin ɗari. Ga shi kuma tsohuwa na fama da hawan jini, wanda gishiri ke tsananta shi. Jikar ta zo da maganar, ba da wasa ba.

"Kaka, don Allah ki bar naman nan. A yi da albasa da man zaitun, ni zan riƙa zuwa ina yi miki."

Tsohuwa ta yi shiru, can ta ce, "Wato alade ya sake komawa kasuwa ke nan, 'yar nan?"

Jikar ba ta gane ba, domin ba a taɓa ba ta labarin ba. A daren nan aka ba ta shi, tun daga kan ganga da ƙugiya har zuwa iyayen kakar kakarta. Ba ta janye maganarta ba, domin gaskiya ta faɗa, kuma gishiri bai san tarihi ba. Amma da suka zauna suka yi lissafi sai suka ga giram 250 a tsakanin mutum shida bai wuce giram 42 ga kowa ba, sau ɗaya a mako, alhali gargaɗin masana ya fi ƙarfi ne a kan mai ci kullum. Game da gishiri kuwa tsohuwa da kanta ta kawo magani: a gida, in an ciro nama daga ganga, sai an jiƙa shi cikin ruwa ya kwana, ko a ba shi tafasa ɗaya a zubar da ruwan, kafin ya ciwu. A kan haka suka daidaita. Ana tafasa naman a zubar da ruwan farko, ana auna jinin tsohuwa kowane mako, kuma an yi alkawari duk ranar da likita ya ce a bari za a bari. Yau da hannunta ya fara rawa, jikar ce ke yanka dankalin, ita kuwa tana zaune tana duban kaurinsa.

KAMMALAWA

A taƙaice, an ga cewa wannan gashi, wanda baƙo zai ɗauka abincin ƙwalama ne kawai, yana ɗauke da tarihin hayar gona, da yunwa, da gwagwarmaya, da hijira. Yawan dankalin yana nuni ga zamanin da shi kaɗai ne abinci, ɗan naman kuma yana nuni ga ranar da manomi ya fara cin abin da ya kiwata. Shi ya sa ƙari da ragi duka suka zama abu ɗaya a idon tsohuwa, kowannensu yana share rabin labarin.

Mai karatu ba ya bukatar ya kusanci naman kafin ya amfana da wannan. Dankalin dai yana nan a gabansa, ana noma shi a tsaunukan Jos, wajejen Bokkos da Mangu, har a kasuwa akan ji ana kiransa "Arish", sunan mutanen nan da suka dogara da shi ya kuɓuce musu. Cutar da ta ruɓar da gonakin Mayo ita ma ba ta mutu ba, takan faɗa wa manoman Filato a shekarun da ruwa ya yi yawa, musamman inda aka dogara da iri ɗaya. Har ila yau, akwai aiki a nan ga ɗaliban wannan sashe. A gidajen Hausa ma akwai tsofaffin da ke da irin wannan awo da irin wannan kafiya, a kan ƙanzo, ko gaya, ko tafasa da rama, kuma kowace da dalilinta wanda ba ta faɗa sai an tambaya. Ya kamata a zauna da su a rubuta tun suna nan.